Tsinkewar jijiyar gwiwa: abin da ya kamata ku sani

Duk wanda ya taɓa tsayawa a bakin filin kokawa bayan kaka a ƙasar Gwandu, ko filin ƙwallon samari da la'asar a Kalgo, ya san yadda abin yake faruwa. Ƙafa ta kafe a ƙasa, jiki ya juya, sai a ji "ƙas" daga cikin gwiwa, saurayi ya zube. Haka yake samun ɗan kabu-kabu da ya dire ƙafa cikin yashi babur na tafe, da manomin shinkafa da ƙafarsa ta nutse a taɓon fadama yana ɗauke da buhu. A taru a kansa, a lallatsa ƙashi a ji shi lafiya lau, sai a ce, "Alhamdu lillahi, babu karaya, targaɗe ne kawai." Wannan "kawai" ɗin ta lalata gwiwoyi masu yawa.

Da Hausa, jijiya ɗaya muke kira ga hanyar jini da kuma igiyar da ke ɗaure ƙashi da ƙashi. Ta biyun ake nufi a nan. Manyan igiyoyi huɗu ne suke riƙe ƙashin cinya da na ƙwauri. Biyu suna gefe, ɗaya ta ciki ɗaya ta waje, su ke hana gwiwa karkacewa dama ko hagu. Biyu kuma suna can tsakiyar gaɓar, sun gitta juna kamar almakashi, su ke hana ƙwauri zamewa gaba ko baya. Tsakanin ƙasusuwan akwai guringuntsi guda biyu masu siffar jinjirin wata, aikinsu irin na gammo ne a kan mai dako.

Ba duka jijiyoyin nan ne suke warkewa iri ɗaya ba, kuma nan ne mutane suke ruɗewa. Ta gefen ciki tana samun jini sosai, don haka ko ta yage, yawanci takan haɗe da kanta idan an tallafe ta da abin ɗaure gwiwa: ƙaramin rauni cikin mako biyu zuwa uku, babba kamar mako shida zuwa takwas. Ta tsakiya ta gaba kuwa, wadda likitoci ke kira ACL, jininta kaɗan ne, kuma tana cikin ruwan gaɓa wanda ke hana gudan jini tsayawa ya haɗa bakin raunin. Idan ta tsinke gaba ɗaya, da wuya ta koma yadda take. Shi ya sa za ka ga mutum biyu sun ji ciwo rana ɗaya, an yi musu magani iri ɗaya, ɗaya ya koma gona, ɗaya kuma shekara ta zagayo gwiwarsa tana ƙwacewa duk lokacin da ya juya da sauri. Na farko sai ya yaba wa mai magani, na biyu ya zargi sammu, alhali jijiyar da ta yage ce ta bambanta.

Alamar da ta fi muhimmanci ita ce saurin kumburi. Gwiwar da ta cika tim cikin awa ɗaya ko biyu, jini ne ya taru a cikinta, kuma mafi yawan lokuta ACL ce ta tafi. Sai kuma gwiwar da ke lanƙwashewa ba da son mai ita ba, da wadda ta maƙale ta ƙi miƙewa, wanda sau da yawa guringuntsi ne ya yage ya shiga tsakanin ƙasusuwa. Akwai kuma wanda ba a kwana da shi: idan gwiwa ta goce baki ɗaya, kamar a haɗarin babur, ko da ta koma da kanta, babbar hanyar jini da ke bayan gwiwa tana iya fashewa. Ƙafa ta yi sanyi, ta yi fari ko baƙi, ko ta mutu ba ta jin taɓi, a tafi asibiti a daren. Jinkirin da ya wuce awa shida zuwa takwas yana iya kai wa ga yanke ƙafa.

A kwana biyu zuwa uku na farko, abin yi ba shi da tsada. A daina taka ƙafar da ƙarfi, a ɗora ta kan matashi ta fi ƙirji tsawo, a naɗe ƙanƙara cikin tsumma a ɗora na minti 15 zuwa 20 sau da yawa a rana. Ruwan leda da ya daskare ma ya wadatar. A ɗaura bandeji ba tamau ba. Ruwan zafi, da man zafi, da murza, duk suna ƙara zubar jini a ciki a waɗannan kwanaki. Tsaga da ƙaho a kan gaɓa kuwa ƙofa ce ga ƙwayoyin cuta, kuma gwiwar da ƙwayoyin cuta suka shiga ta fi tsinkewar jijiya muni nesa ba kusa ba. A kula da magungunan kashe ciwo irin diklofenak da ake saya a kemis ana sha wata da watanni, domin suna cin ciki da ƙoda.

Maganar masu ɗori ba ta kaucuwa, tunda Aliero da ta yi suna a wannan sana'a maƙwabciyarmu ce. Ban raina gadon kowa ba, kuma mutane suna zuwa ne don kusanci da sauƙin kuɗi da yarda. Amma ɗori na ƙashi ne. A nan ƙashi bai karye ba, babu abin da za a ja a daidaita. Ɗaure gwiwa da karare na tsawon makonni yana sa tsokar cinya ta zube, gaɓa ta sandare, mutum ya wayi gari ba ya iya zaman tahiya ko tsuguno. Ɗaurin da ya matse fiye da kima kuma yana tsayar da jini.

Wanda ya je asibiti, kada ya yi mamaki in hoton ƙashi ya fito babu komai. Wannan hoton ba ya nuna jijiya. Likitan ƙashi yakan gane da hannu: ya ɗan lanƙwasa gwiwar, ya riƙe cinya, ya jawo ƙwauri gaba ya ji ko akwai abin da ya tare shi. Hoton MRI ne ke tabbatarwa. Mutumin Gwandu ko Kalgo zai iya farawa da asibitin da ke kusa da shi, daga nan a tura shi manyan asibitocin Birnin Kebbi, ko Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo a Sakkwato, ko Asibitin Ƙashi na Dala a Kano.

Tsoron tiyata da kuɗinta ne ke hana mutane da yawa zuwa, don haka ya kamata a san cewa ba kowa ake yi wa ba. A wani bincike da aka yi a Suwidin, wanda aka fara wallafa sakamakonsa a 2010, an ɗauki matasa 121 da ACL ɗinsu ta tsinke, aka yi wa rabi aiki da wuri, rabi kuma aka fara musu da motsa jiki. Bayan shekara biyar, kusan rabin rukuni na biyu ba su buƙaci tiyata ba, kuma gwiwoyinsu ba su gaza na waɗanda aka yi wa aiki ba. Sirrin yana cikin tsokar cinya ta gaba da ta baya: idan suka yi ƙarfi, sukan karɓi wani ɓangare na aikin jijiyar. Malami ko ɗan kasuwa zai iya rayuwa lafiya a haka. Ɗan kokawa, da ɗan ƙwallo, da duk wanda gwiwarsa ke ci gaba da ƙwacewa bayan watanni na atisaye, su ne suka fi buƙatar aiki, domin kowace ƙwacewa tana ƙara cin guringuntsi, ta jawo ciwon gaɓa tun kafin tsufa.

Aikin ma ba ɗinki ba ne. Ana ciro wata igiyar daga bayan cinya ko daga ƙasan ƙoƙon gwiwar mutumin, a huda ƙashi a dasa ta a gurbin tsohuwar. Daga nan sai doguwar tafiya tare da masu gashin ƙashi, wata tara zuwa shekara kafin a koma fili. Virgil van Dijk na Liverpool ya ji irin wannan rauni a Oktoban 2020, kuma duk da likitocin da ke kewaye da shi, sai a Agustan 2021 ya sake buga wasan gasar Firimiya. Saurayin da ya koma ƙwallo bayan wata biyu don ciwo ya lafa, yana kasada da abin da zai taka har ƙarshen rayuwarsa.

Iyaye, da masu horar da 'yan wasa, da sarakunan kokawa: idan gwiwar yaro ta yi ƙara ta kumbura kafin magariba, ku fitar da shi daga fili, ku sa ƙanƙara, ku kai shi likita ya duba cikin makon.