Yadda Ake Renon Itacen Gahawa A Gida

Itacen gahawa, wanda wasu ke kira kofi, asalinsa ɗan kurmi ne. A dazuzzukan tuddan Habasha aka fara samunsa yana tsirowa ƙarƙashin manyan itatuwa, daga can aka kai shi Yaman. To, duk mai son ya raya shi a gida tilas ne ya ba shi abin da ya saba da shi a kurmi, watau inuwa da laima da ƙasa mai taushi. Wanda ya dasa shi a tsakar rana kamar mangwaro ya yi asarar wahalarsa.

Iri biyu ne aka fi nomawa. Akwai Arabika, mai son sanyin tudu, shi ne ake samu a tsaunin Mambila wajen Gembu, da tuddan Bamenda a Kamaru. Akwai kuma Robusta, mai jure zafi, wanda ake nomawa a kurmin kudu. Mai wurin itace ɗaya kaɗai sai ya nemi Arabika, don furensa yakan ɗauki 'ya'ya ko da shi kaɗai ne. Robusta kuwa sai da wani ɗan'uwansa kusa. Kada a rena itace ɗaya. A shekarar 1714 mutanen Amsterdam suka yi wa Sarkin Faransa kyautar ƙwaya ɗaya tak, aka rene shi a lambun sarki, daga zuriyarsa aka sami irin da aka kai tsibirin Martinik.

Maganar iri ita ce ta farko. Gahawar da aka soya ba ta tsirowa, wadda ta daɗe a ajiye ita ma ta mutu, don ƙarfin irin yakan ragu cikin 'yan watanni. Sai a nemi ɗan itacen da ya nuna ya yi ja, a ɓare shi, a wanke yauƙin. Galibi ƙwaya 2 ke ciki. A shuka su a kasko, zurfin rabin inci, a rufe da busasshiyar ciyawa, a riƙa yayyafa ruwa. Sukan yi mako 6 zuwa 8 kafin su fito, saboda haka kada a yi gajen haƙuri a tona.

In tsiron ya yi wata 6 ko fiye, sai a dasa shi da farkon damina. A haƙa rami ƙafa 2 faɗi, ƙafa 2 zurfi, a cika shi da baƙar ƙasa haɗe da ruɓaɓɓen taki. A lura ƙwarai kada babbar saiwar ta lanƙwashe, gama itacen da aka dasa haka ba ya yin kirki. Mai tukunya sai ya huda gindinta, don gahawa tana son laima amma ba ta son ruwa ya kwanta mata. Kada kuma a cika mata toka, ƙasa mai ɗan tsami ta fi so.

Wurin da ya fi dacewa shi ne inda hantsi ke taɓawa, amma rana tsaka ba ta kaiwa, kamar gindin ayaba ko gefen rumfa. Itacen yana bukatar ruwan sama wajen inci 60 a shekara, ƙasar Hausa kuwa ba ta samun haka, don haka ban ruwa da rani wajibi ne. In hunturu ya kama, bakin ganye yakan ƙone. Maganin wannan a kare shi da zana ta gefen da iska ke bugowa, a tara ciyawa a gindi, amma kada ta taɓa jikin itacen.

In ya kai ƙafa 5 ko 6, a datse kansa don ya yi rassa, tsinka kuma ta yi sauƙi. A riƙa duba bayan ganye. In an ga tururuwa na hawa, akwai ƙananan ƙwari masu tsotson ruwansa, sai a wanke su da ruwan sabulu. In kuwa an ga ɗigo-ɗigon gari ruwan lemo, wannan tsatsar ganye ce, a tsinke ganyen a ƙone nan da nan. Ita ce ta ɓulla a tsibirin Silon, watau Siri Lanka ta yau, a 1869, ta hallaka gonakin gahawa har masu su suka koma noman shayi.

Sai a shekara ta 3 ko ta 4 yake fara fure, fari mai ƙanshi, 'ya'yan Arabika kuma su yi wata 7 zuwa 9 kafin su nuna. A tsinki jajayen kaɗai, a shanya su mako 3 ko 4 ana juyawa, sa'an nan a surfa a turmi, a sheƙe, a soya. Abin da itace ɗaya ke bayarwa a shekara wajen rabin kilo ne, ba na kai wa kasuwa ba ne, amma ya isa a dafa wa baƙo. In mai gida ya kula da shi, itacen yakan yi shekara 20 ko fiye yana 'ya'ya.