Mamane, ɗan Agadas da ya ƙago ƙasar Gondwana

Daga ofisoshin unguwar Gaweye zuwa rumfunan Babbar Kasuwar Yamai, da wuya a samu wanda ya taɓa sauraren rediyon RFI bai san muryar Mamane ba. An haife shi a Agadas a 1966. Neman ilimin tsirrai ne ya kai shi Faransa, amma barkwanci ya zame masa sana'a. A 2006 ya fito a shirin talabijin na Jamel Comedy Club, sunansa ya fara bazuwa.

A 2009 ya soma karanta sharhinsa a RFI kan wata ƙasa da babu ita a taswira, wato Gondwana, jamhuriya mai "demokuraɗiyya ƙwarai da gaske". Shugabanta ba ya faɗuwa zaɓe, fadawansa kuwa ba sa gajiya da kirari. Hikimar ita ce Mamane bai ambaci sunan kowane shugaba ba, saboda haka babu mai kai shi ƙara sai wanda ya tsargu. Ɗan kasuwar da aka tatsa a shingen hanya da ma'aikacin da albashinsa ya makara duk sun gane ƙasarsu.

Bai tsaya ga kansa ba. Ya kafa bikin barkwanci a Abijan a 2015, da shirin Le Parlement du rire a tashar Canal+ a 2016, inda matasan Afirka suka samu dandalin nuna gwanintarsu. A 2017 ya fitar da fim ɗin Bienvenue au Gondwana, kan maguɗin zaɓe. Da ma Hausawa sun ce da wasa ake faɗa wa wawa gaskiya.