Shin Ko Kun San? Goruba da Danginta

Shin ko kun san kabar da ake yanka a gefen gonakin Morai da gorubar da yara ke jifa don su samu abin gwaguya tsiro ɗaya ne? Kaba goruba ce da ba a bari ta tashi ba. Muddin kowace shekara ana aske mata ganye don tabarma da igiya da faifai, a ƙasa za ta zauna tana yaɗo. Mai son goruba a gonarsa ba sai ya shuka ba: ya zaɓi kai ɗaya cikin kabar, ya hana wuƙa taɓa shi, ya yi haƙuri. A Jamhuriyar Nijar akwai kwari guda da ya ci sunanta, Gulbin Kaba, wanda ya ratsa ƙasar Mayahi a jihar Maraɗi.

Shin ko kun san goruba ta fita zakka a cikin danginta? Dangin nan na dabino ya ƙunshi nau'i wajen 2,600, kuma kusan dukansu kai ɗaya gare su. Dabino, giginya, kwakwa, duk wadda aka sare wa kai ta gama yawo, domin wurin tohonta ke nan. Ita kuwa goruba, in ta kai wani tsayi sai kan ya rabu gida biyu daidai, kowane ya tashi, can gaba ya sake rabuwa biyu. Shi ya sa ko daga bakin hanyar Bakura ka hango ta a fadama ba za ka haɗa ta da kowa ba.

Kuma in ana maganar jini, ta fi kusa da gero da dawa bisa ga tsamiya ko kuka. Ba ta da zoben shekaru a cikin gangar jikinta, zare-zare ne kawai a cunkushe. A giginya zaren nan ya fi ƙarfi ta baya-baya, tsakiyar kuwa taushi gare ta, don haka ne masu fasa azara ke watsar da cikin.

Akwai namiji, akwai mace. Gorubar da ka ga ta shekara da shekaru ba ta taɓa yin ɗa ba, kada ka ce juya ce, mai yiwuwa namiji ne, kuma ba don shi ba da matan da ke kewaye ba su yi ba. Haka giginya take, haka dabino.

To, batun suna. Masana sun sa goruba a gidan da suke kira Hyphaene, sunan da Bajamushe Joseph Gaertner ya raɗa a 1788. Kafin nan, a 1753, Linnaeus na ƙasar Suwidin ya ajiye ta a wani gida daban, Corypha, sai a 1838 wani masanin, Martius, ya mayar da ita inda take yau, aka sami Hyphaene thebaica, don tunawa da tsohon birnin Tibis na Masar. Daga baya Turawa suka yi ta ƙirƙiro sababbin sunaye, da an ga ɗan goruba mai wata siffa sai a ce sabon nau'i ne. Da sun tambayi mai talla a kasuwar Talata Mafara, da ta faɗa musu ko a kwano ɗaya ba sa zama iri ɗaya. Yau an tankaɗe an bar nau'i wajen 8. Akwai na Indiya, akwai kuma na kudancin Afirka, Hyphaene petersiana, wanda galibi ba ya yin reshe ko kaɗan.

Shin ko kun san giginya 'yar ɗakin su goruba ce ta kusa? Ita Borassus aethiopum ake ce mata, kuma ita ce ta ba da suna ga filin Giginya a Sakkwato, inda aka gwabza da Turawan Ingila ranar 15 ga Maris, 1903. Cikin wannan zuriya akwai wata a tsibiran Seshel mai ƙwallon da ya fi na kowane tsiro girma a duniya, yana haura kilo 15. Ku kwatanta da ƙodagon da muke wurgarwa bayan mun gama gwaguya.

Shi ma ƙodagon ba na yarwa ba ne. Abin da ke cikinsa in ya bushe fari ne fat, da tauri, kuma kafin roba ta cika duniya, daga Sudan da Iritiriya ake ɗibarsa ana yin maɓallan riga.

A 2007 hukumomin Masar suka sanar da samun kwanduna 8 cike da goruba cikin kayan kabarin Fir'auna Tutankamun, wanda aka buɗe tun 1922. Sun haura shekara 3,000 a ajiye.