Shokazoban Baya: Me Ya Sa Ake Canza Biyu Tare?

Direbobi da yawa sun ɗauka shokazoba ne ke ɗauke da nauyin mota, alhali wannan aikin sifirin ne. Shokazoba yana hana motar ci gaba da lilo ne bayan ta faɗa rami: a cikinsa akwai fistan da ke tura mai ta ƙananan ƙofofi, turjiyar man kuma ita ke kwantar da tsallen. Idan ya mutu, taya ba ta dafe kwalta sosai, birki yakan ja nisa kafin mota ta tsaya, bayanta kuma ya riƙa kaɗawa a kwana. Leƙa bayan taya. In mai ya jiƙa jikin shokazoban har ƙura ta daskare a kai, ko tayar tana cinyewa gurbi-gurbi, to ya gama aiki.

Mai mota zai ce ɗaya ne ya lalace, don me zai sayi biyu ga tsadar kaya? Amma sabo a dama da gajiyayye a hagu na sa gefe ɗaya ya riƙe, ɗayan ya saki, motar ta karkace daidai lokacin da aka taka birki da ƙarfi. Na hannu da ake kira Beljiyam kuwa, araharsa yaudara ce sau da yawa, domin fenti ba ya nuna tafiyar da ya sha. Gara sabon KYB ko Monroe mai lambar da ta dace da motar. Bakanike kuma ya sauke motar ƙasa kafin ɗaurin ƙarshe na kusoshi, in ba haka ba robar bushin za ta murɗe ta yage da wuri.