Mai Busa Turombon da Karatun Takardar Kiɗa

Turombon shi ne dogon ƙahon nan na tagulla da akan gani hannun makaɗan soja, wanda ake busawa ana jan hannunsa gaba da baya. A ƙasar Amurka ya sami babban matsayi cikin kiɗan jaz, wanda baƙar fata na birnin Niyu Oliyans suka ƙago a farkon ƙarni na 20.

Da yawa daga mabusan farko da kunne suka koya. Amma da manyan ƙungiyoyin kiɗa suka yawaita wajen 1930, sai takarda ta zama tilas: a miƙa wa mutum kiɗan da bai taɓa ji ba, a ce ya busa nan take. Wanda ya kasa, gobe wani za a kira, abincinsa ya tafi ke nan. Juan Tizol, da ya shiga ƙungiyar Duke Ellington a 1929, ya ƙware ga karatu har ya zama shi ke kwafe wa sauran makaɗa rabonsu.

Wahalar wannan ƙaho ga hannu take. Matsaya bakwai gare shi, ba wadda aka yi wa alama, kuma daga ta farko zuwa ta bakwai ya fi kamu guda. Saboda haka dole ido ya riga hannu, ya hango sautin da ke tafe. Ga misali: ana samun “fa” ta tsakiya a matsaya ta ɗaya, ana kuma samun ta a ta shida. In “do” ta ƙasa ke biye, ita ma a ta shida take, to mai lura sai ya zauna can, ya huta da kai da kawowa.

Malaman kiɗa kan ce a fara da bugu. Kafin a ɗauki ƙaho, a tafa kiɗan da hannu, ana bin ɗan agogon nan mai auna bugu. Daga nan a busa sannu sannu, kowace rana sabuwar takarda, ko da ta minti goma ce. In an yi kuskure kada a koma baya, don ƙungiya ba ta jiran kowa. A ganinmu ɓata sauti guda ya fi sauƙi bisa ga ɓata lissafi.

Sai dai takarda ba ta faɗin komi. Cikin jaz akan rubuta gajerun sautuka biyu daidai wa daida, amma a ja na farko, a taƙaita na biyu. Wannan kam sai an saurari faifan gwanaye irin su J. J. Johnson, takarda tana buɗe gaban mutum.