Jinyar Da Takan Rage Bayan Sallama Daga Asibiti

Ranar da likita ya sa hannu a takardar sallama, dangi sukan ɗauka wahala ta ƙare. Ga wanda hawan jini ya shanye wa ɓarin jiki kuwa, ranar ce ake soma kashi na biyu na jinya, watau koyon zama, da tsayuwa, da kai loma baki, kuma shi ne kashin da aka fi yi wa sakaci.

Likitoci sun tabbatar cewa yawancin ƙarfin da zai komo wa irin wannan majinyaci, cikin wata uku zuwa shida na farko yake komowa. In aka bar shi kwance a ƙuryar ɗaki don tausayi, gaɓoɓinsa sai su sandare, hannu ya lanƙwashe a ƙirji, ya ƙi miƙuwa. Wanda ba ya iya juyawa da kansa, tilas a riƙa juya shi duk bayan awa biyu, dare da rana, in ba haka ba gyambon kwanciya ya fito masa a kwankwaso ko a diddige. Kada a ja shi ta shanyayyen hannu wajen tayar da shi, gama kafaɗar tana iya gocewa. Kunu ma sai an zaunar da shi sosai a ba shi, domin maƙogwaron da ya raunana yakan bar abinci ya zarce huhu, ya jawo ciwon haƙarƙari.

Aikin masu gashi da motsa gaɓoɓi ba baƙo ba ne a Nijeriya. Cikin shekarar 1945 Turawan Ingila suka soma shi a asibitin Igbobi da ke Ikko, inda ake jinyar sojojin Yaƙin Duniya na Biyu. An buɗe asibitin ƙashi na Dala a Kano a 1959, Jami'ar Badun kuma ta fara ba da digiri a wannan fanni a 1966.

Amma fa masanan a manyan birane suka taru. Mutumin ƙauye sai ya biya mota, da ɗan rakiya, ranar aikin gona ta tafi. In ya je sau biyu bai ga canji ba, sai ya yanke ƙafa, a ce ai bugun iska ne. Abin da ya fi ban tsoro, har maganin hawan jinin akan ajiye, alhali kuwa barinsa shi ke buɗe wa ciwon ƙofar komowa. Saboda haka ya kamata kowane asibiti ya koya wa mai jinya waɗannan dabaru a gaban gado, tun kafin a naɗe tabarma.