Salsalar Gidan Sarautar Daura

Wanda ya tashi daga birnin Daura ya nufi gabas, ya bi ta Zango, ya wuce Ɓaure, har ya sauka Babban Mutum kusa da iyakar Nijar, ya ratsa garuruwa biyu waɗanda kowannensu ya taɓa zama mazaunin mai sunan Sarkin Daura. A ƙarni na 19 sarakuna uku ne ke amsa wannan suna a lokaci guda, ɗaya a birni, ɗaya a Zango, ɗaya a Ɓaure. Wanda bai san yadda aka yi haka ba, ba zai gane abin da ya bambanta gidan Daura da sauran gidajen Hausa Bakwai ba.

Salsalar gidan nan hawa uku ce, kowane hawa kuwa da irin shaidarsa. Akwai labarin asali, akwai jerin sunayen sarakuna, sa'an nan akwai tarihin da ke da shekaru tabbatattu. Ya kamata malami ya rarrabe wa ɗalibansa su, kada ya haɗa su a ma'auni ɗaya.

Hawa na fari: labarin asali

Masu ba da labari sun ce mata ne suka fara sarautar ƙasar, ana ce da kowace Magajiya. Ta fari ita ce Kufuru, Daurama kuwa ita ce ta taso daga Tsohon Birni ta kafa garin da ya ci sunanta. Sai baƙo ya zo, watau Bayajida, wanda aka ce ɗan Sarkin Bagadaza ne. Ya zauna Barno, ya bar matarsa a Garun Gabas inda ta haifi Biram, ya biyo ta Gaya maƙera suka ƙera masa wuƙa. Da ya iso Daura da dare ya sauka gidan wata tsohuwa, Ayana, ya nemi ruwa. Ta ce ba a ɗiba a rijiyar Kusugu sai ran Jumma'a, sabo da macijin da ke ciki, mai suna Sarki. Ya tafi ya kashe macijin, ya auri sarauniya. Ƙwarƙwarar da ta ba shi ta haifi Karɓagari, ita kuma ta haifi Bawo. 'Ya'yan Bawo shida suka yi sarautar Daura da Kano da Katsina da Zazzau da Gobir da Rano, aka haɗa da Biram suka cika bakwai.

Masana sun daɗe suna gardama a kan labarin nan. Palmer ya buga shi cikin 1928. Hallam, cikin 1966, ya bi ra'ayin da ke danganta Bayajida da Abu Yazid, wanda ya yi wa Fatimawa tawaye a Afirka ta Arewa, ya mutu cikin 947. Abdullahi Smith kuwa, cikin 1970, ya nuna cewa ƙasashen Hausa sun ginu ne sannu a hankali daga ƙauye zuwa gari zuwa birni, ba zuwan baƙo ɗaya ya kafa su ba. Tun kafin su duka, Muhammadu Bello ya ambaci Bawo cikin Infaƙul Maisuri a kan cewa bawan Sarkin Barno ne. Mai nazarin harshe kuma zai lura da yadda labarin ke fassara sunaye: Bayajida wai don ba ya ji da, watau ba ya jin Hausa, kalmar sarki kuma wai daga Makas-Sarki. Irin wannan fassara galibi bayan suna ta ke zuwa, ba ita ke haifar da shi ba.

Amma fa wannan bai sa labarin ya zama tatsuniyar banza ba. Shi ne hujjar sarautun fada. A cikinsa Galadima ya je duba macijin ya kasa matsawa, Kaura ya matsa ya tabbatar ya mutu, don haka Kaura ne shugaban yaƙi. A cikinsa ne kuma a ke samun dalilin girman Magajiya, sarautar da 'yar gidan ke riƙewa.

Hawa na biyu: jerin sunaye

Daga Bawo zuwa ƙarshen ƙarni na 18 abin da a ke da shi jerin sunaye ne, wanda a ke kira Girgam. Maroƙa da makaɗan fada su ma suna riƙe da shi da ka. Irin wannan jeri yana nuna wa ya bi wa, amma ba ya isa a ɗora masa shekaru. Ko 999 da a ke ba Bagauda na Kano, ɗan Bawo, lissafi ne da aka yi da baya-baya daga tsawon mulkin sarakuna, ba wani ne ya rubuta ta a zamaninsa ba.

Hawa na uku: fita da komowa

Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya fara jihadi cikin 1804. Wajen 1805 Malam Isiyaku, wanda ya karɓo tuta, ya ci Daura, Sarkin Gwari Abdu ya fita da jama'arsa. Zuriyar Malam Isiyaku suka riƙe birnin kimanin shekara 100 suna bin Sakkwato.

Abdu bai ajiye sunan Sarkin Daura ba. Ya zauna Yekuwa, wadda yanzu ke cikin Nijar. Bayan rasuwarsa, wajen 1825, gidan ya rabu. Lukudi da zuriyarsa su ne reshen Zango, wani reshe kuma ya kafu a Ɓaure, ƙasar da Babban Mutum ke ciki. Dukansu biyu ba su da ƙarfin tsayawa su kaɗai tsakanin Filani da Damagaram, sai suka shiga ƙarƙashin Damagaram. Duk da haka ba su bar naɗa Galadima da Kaura da Magajiya ba. M. G. Smith, wanda ya kwatanta mulkin sassan nan uku cikin littafinsa na 1978, ya nuna yadda tsarin fada na dā ya rayu a Zango. To, wannan shi ne abin da ya tsare salsalar. Ƙasa ta tafi, amma suna da sarautu da jerin kakanni ba su tafi ba.

Da Turawa suka zo, Ingila da Faransa suka ja iyaka ta tsakiyar tsohuwar ƙasar Daura, Zango da Ɓaure suka faɗo wajen Ingilishi. Cikin 1906 aka komo da Malam Musa, ɗan Nuhu, jikan Lukudi, daga Zango zuwa birni, aka haɗa masa sassan uku. Ɗansa Abdurrahman ya hau cikin 1911, ya shekara 55 bisa gado. Muhammadu Bashar, jikan Abdurrahman, ya yi sarauta daga 1966 zuwa 2007, Umar Faruk Umar ya gaje shi cikin 2007, ana lissafta shi sarki na 60.

Sauran gidajen da jihadi ya fitar ba su sami haka ba. Haɓen Katsina suka zauna Maraɗi, na Gobir suka zauna Tsibiri, na Zazzau suka kafa Abuja, wadda a ke kira Suleja yanzu. Suna riƙe da sunayen sarautarsu, amma babu wanda ya koma birnin kakanninsa sai na Daura.

Akwai misalin wannan a Faransa. Gidan sarautarsu ya samo asali daga Hugu Kafe, wanda ya hau cikin 987. Aka tuɓe su cikin 1792, suka komo cikin 1814. Sarkin da ya komo ya kira kansa Luwi na 18, ko da ya ke Luwi na 17 yaro ne da ya mutu a tsare bai taɓa mulki ba, ya kuma lissafta shekarar komowarsa ta 19 ga sarautarsa. Manufarsa ita ce sarauta ba ta yanke ba, ko da ƙasa ta fita hannu. Bambanci biyu ne. Dokar Faransawa ta hana mace gado, alhali Daura da mata ta fara lissafi. Sa'an nan reshen da ya komo a Faransa an sake tuɓe shi cikin 1830, na Daura kuwa ya zauna.

Sabo da haka in ɗalibi ya tambaya ko gaskiya ne sarakunan Daura jikokin Bayajida ne, amsar da ta dace ita ce a raba masa tambayar. Daga Lukudi zuwa yau ana iya bin salsalar uba da ɗa. Daga Abdu zuwa Bawo sunaye ne a jere. Abin da ke gaban Bawo kuwa bayani ne da gidan ke yi game da kansa, wanda ya riƙe har shekara 100 a wajen ganuwa, ya kuma komo da shi.